Laimar Kwaɗin Mahasin

Sai da Hamad ya cinye faranti biyu, ya lashe yatsunsa, ya kora da ruwan sanyi, sannan ya buɗe baki ya ce akwai giya a abincin 'yata.

Faranti biyu. Ni Awadiyya ina bayan labulen ɗakin mata ina kallonsa, da idona na ga ya miƙa hannu an ƙara masa.

Ranar Juma'a ce bayan la'asar, a gidan Malam Sada da ke unguwar Darrasa a Alƙahira, hawa na uku a bayan masu sayar da littattafai. Walimar Ishaq ake yi, ɗan wan Malam, yaron da ke neman 'yata Mahasin. Natijarsa ta fito, ya gama karatu, iƙamarsa, wato takardar zaman ƙasa, kuma za ta ƙare ƙarshen wata ya koma Katsina. Kwana goma sha biyu suka rage. Ko dai a ɗaura auren nan kafin ya hau jirgi, ko kuma shi ke nan.

Malam Sada shi ne waliyyin yaron a nan Masar, kuma tun farko bai so ba. Wai 'yar Sudan ce, wai aikin girki take yi a gidan mutanen Japan a Ma'adi. To mu Hausawan Mai Wurno daga sama muka faɗo? Kakanninmu da ƙafa suka baro ƙasar Hausa za su Makka, suka yada zango a bakin Nilu. Hausar da yake ji ita nake ji, alƙiblar da yake kallo ita nake kallo. Wata takwas Ishaq yana durƙuso kafin baffan nasa ya ce to, a kawo abincin walima ya ga hannun yarinyar, daga nan a sa rana.

Ni tuwon shinkafa da miyar kuɓewa busasshiya na ce a yi, aka kuma yi. Amma Ishaq ya roƙi Mahasin ta haɗa da wannan abin da ta koya a gidan aikinta, wanda Masarawa ke ce wa mashrum.

A garinmu laimar kwaɗi muke ce masa, kuma ko akuya ba ta kallonsa.

Da safen Juma'ar na ɗebo ruwa a roba zan zuba su ciki.

"Yumma, kada ki wanke!" in ji Mahasin.

"Abin da ya tsiro a juji ne ba za a wanke ba?"

"Ba a juji ya tsiro ba, noma shi ake yi a ɗaki mai sanyi. In ya sha ruwa ba ya soyuwa, dahuwa yake yi."

Ta zauna da tsumma mai laima tana goge su ɗaya bayan ɗaya kamar jarirai. Ta yanka su da kauri. Ta bar kasko a wuta har ya fara hayaƙi, ta zuba mai kaɗan, ta jera su ba ta cunkusa ba, ta naɗe hannu ta tsaya.

"Ki juya mana, za su ƙone."

"Sai sun fitar da ruwansu sun shanye shi, Yumma. Ki bar su."

Da gefensu ya yi ja ta juya, ta sa tafarnuwa da ɗanyar citta. Sannan ta zuba baƙin ruwan soya, ta zuba zuma, ta ɗauko kwalbar khal, ruwan tsamin nan na girki, daga cikin kwalin kayan girkin da Madam ɗinta ta bar mata da za ta tafi hutu ƙasarsu, ta tsiyaya. Abin ya yi ta tafasa har ya kama jikinsu yana ƙyalli kamar an shafa musu man shanu. Ta barbaɗa riɗi da lawashi. Ni da na rantse ba zan sa a bakina ba, sai ga ni na ɗauki guda uku, ga zaƙi ga gishiri ga ɗan tsami. Na ce ba laifi, na koma ɗaki kan humrar amarya da nake haɗa mata.

A wurin walima farantin nan ne ya fara ƙarewa. Malam Sada da kansa ya ce, "Ma sha Allah, wannan naman mene ne?" Ɗalibai suka yi dariya. Ishaq ya sunkuyar da kai yana murmushi, Mahasin ta matse mini hannu a bayan labule.

A nan Hamad ya gyara murya.

Hamad ɗan garinmu ne, shi ne direban gidan da Mahasin ke aiki. Sau biyu ya aiko neman ta, sau biyu ta ce a'a. Matan unguwarmu har gobe suna ce mini na ƙi na gida na bi baƙo.

"Allah gafarta Malam, ni dai tsoron Allah ne ya sa zan yi magana," in ji shi. "Wannan miyar ba ta haɗuwa sai da wani ruwa da suke kira mirin. Giyar shinkafa ce. Ni nake sayo wa Madam, ni kuma na ɗauko kwalin da ta ba yarinyar nan, kwalbar tana ciki."

Wani ɗalibi ya tashi da gudu ya shiga bayi, muna jin kakarinsa. Malam ya ture farantin gabansa da bayan hannu.

"A kira ta."

Mahasin ta fita, ta durƙusa.

"Gaskiya ne abin da ya faɗa?"

"Madam tana sawa, Malam. Ni ban taɓa sawa ba. Tun ranar da na san abin da ke ciki nake musanya shi da zuma da khal."

"Kwalbar tana gidanku?"

"Tana nan. Na ware ta ne zan mayar."

"Kun ji ko?" in ji Hamad.

Ishaq ya miƙe. "Baffa, na san yarinyar nan, wallahi..."

"Zauna! Kai ba ka san komai ba sai abin da aka zuba maka a faranti." Malam ya miƙa hannu ya sauko da Alƙur'ani daga kanta. "Za ki dafa?"

"Zan dafa."

Ta je ta yi alwala ta dawo, ta ɗora hannunta a gaban maza sun fi ashirin. Hawaye na zuba ta ce ta rantse da wanda ya saukar da shi, ba ta zuba giya a abincin nan ba, ko ɗigo.

Ni ina bayan labule ina cizon mayafina. Uwa ba ta fita ta tsaya wa 'yarta a maganar aure, haka aka tashe mu. Uba ke yi ko ƙanin uba. Nata uban yana kwance a maƙabartar Mai Wurno, 'yan'uwansa ko lambar wayarmu ba su da ita. Na tsaya ina kallo.

Da za mu tafi, Hajiya Dije matar Malam ta miƙo mini kwanukanmu a leda ba a wanke ba, ta riƙe da yatsu biyu. Ba tukuici, ba sai an jima.

Muka hau jirgin ƙasa na metro zuwa unguwarmu Hadayik. Ina ta lissafin gidajen dattawan garinmu da zan bi in kai ƙarar Hamad.

Washegari da hantsi sai ga sallamar Ishaq. Ya tsuguna a bakin ƙofa bai shigo ba, ni kuma na juya fuska gefe kamar yadda ake yi da suruki.

"Inna, albishir na kawo. Baffa ya ce yarinya ba ta ɗora hannu a kan Littafi haka kawai. Ya karɓi rantsuwar. Ya kira Abba a Katsina ya ce masa ƙazafi ne aka yi mata. Juma'a mai zuwa za a ɗaura in sha Allah."

"Zai faɗa a gaban waɗanda suka ji?"

Ya sosa ƙeya. "Inna, a bar shi haka. Ma'alish. Tunda an samu ya yarda."

Ma'alish. Sunan 'yata yana yawo a ɗakunan ɗalibai daga Darrasa har Madinat Nasr, wai ma'alish, a yi haƙuri. Amma na haɗiye, don na ga fuskar Mahasin ta leƙo daga kicin tana dariya tana share ido.

Da ya tafi na ce bari in faranta mata. Na shiga ɗaki na ɗauko humrar. Sati uku ina fama da ita, farce na soya, sandal na daka, mahlab na jiƙa, ran Laraba na tace na ɗura.

"Zo ki shinshina, amarya."

Ta taho tana dariya. Ta kai hannu, sai hannun ya tsaya a iska.

"Yumma, ina kika samo kwalbar nan?"

"A saman kabad ɗin kicin. Dubi wuyanta, kamar ta 'yan Jidda."

"Abin da ke ciki fa?"

"Ai bai kai rabi ba. Na juye a 'yar'uwarta ta khal. Kala ɗaya ne, rubutun ma iri ɗaya, kamar an watsar da ashana. Me za a yi da kwalba biyu kowace rabi-rabi?"

Ta zame ta zauna a ƙasa.

"Yaushe?"

"Ran Laraba, kina wurin aiki. Ke lafiya?"

"Ita ce, Yumma."

"Ita ce wa?"

"Mirin ɗin. Ita na ɗora can sama don kada hannu ya kai." Ta dafe kai da hannu biyu. "Shi ya sa ya fi ƙyalli jiya. Shi ya sa ya fi zaƙi. Na ɗauka zumar ce mai kyau."

Ban san lokacin da na zauna ba ni ma. Shekara sittin da ɗoriya ban taɓa zubar da ragowar komai ba, ragowar mai, ragowar yaji, duk haɗe su nake in sami mazubi. Ban san baƙi ba, na boko ko na Larabci, balle na Japan. Hamad ƙarya ya shirga, bai ga komai ba, amma ƙaryar tasa ta zo ta faɗa kan gaskiya, kuma da hannuna.

"Na dafa Alƙur'ani," in ji Mahasin. "Yumma, na dafa Alƙur'ani a gaban mutane."

"Rufe mini baki! Bango na ji."

"Malam ya ci. Ishaq ya ci. Almajiran ilmi masu haddar Alƙur'ani duk sun ci."

"Na ce ki rufe mini baki. Wa ya sani? Ni da ke. Yanzu zan tuttule khal ɗin a masai, in fasa kwalbar, khalas, shi ke nan. Kwana shida ya rage, yarinya. Kwana shida!"

Eh, ni na faɗi haka. Ba zan ɓoye ba.

Ta ɗago ta dube ni, idon nan jawur.

"In shiga ɗakinsa da wannan a cikina?"

"Mata nawa suka shiga da abin da ya fi wannan?"

"Kullum ya zauna cin abincina in riƙa tuna na rantse masa a kan abin da ba haka ba? Ya tsaya a gaban baffansa ya ce ya san ni, Yumma. Ya ce wallahi."

"Ai ba ki sani ba!"

"Jiya ban sani ba. Yau na sani."

"To ki sani mana ki yi shiru! Ke kin san abin da zai faru? Malam nema yake yi. Wata takwas yana neman abin da zai kama, yanzu ki ɗauka ki kai masa a faranti? Jirgi ya tashi da yaron nan, ke ki zauna kina goge laimar kwaɗi a gidan mutane har ki tsufa, Hamad yana jiran ki a bakin get yana washe baki?"

Ta fashe da kuka sosai, irin wanda ban ji ta yi ba tun ranar da muka bar Sudan.

"Ina son shi, Yumma. Wallahi ina son shi. In na rasa shi ban san yadda zan yi ba. Amma ba zan iya ba. Ba zan iya kallon idonsa ba."

Ta jawo wayarta tana neman lambarsa. Na fizge.

"Ba ni, don Allah. Gara ya ji daga bakina."

"Me za ki ce masa?"

"In ce na yi rantsuwar ƙarya, ya je Allah ya haɗa shi da wadda ta fi ni."

"Ƙarya kike yi, ba ki yi rantsuwar ƙarya ba. Wa ya zuba?"

Ta kau da kai.

"Na ce wa ya zuba?"

"Yumma, ba za ki je gaban maza ki..."

"Ni na zuba, ni zan je. Ke ki zauna nan. In kika taɓa wayar nan kafin in dawo ban yafe ba."

Ranar Lahadi na sa tobina mai kyau, lulluɓinmu na matan Sudan, na zuba kwalaben biyu a jaka. Tashar Tahrir a rufe take a shekarar, sai da na wuce har Shuhada na sauya, na sauka Ataba, na shiga ƙaramar bas zuwa Darrasa. Duk hanya ina riƙe da jakar a ƙirji kamar za a ƙwace. Na daidaici bayan azahar, lokacin da Malam ke ba da karatu, don kunnuwan da suka ji su nake so su sake ji.

Hajiya Dije ce ta buɗe. "Malam yana darasi, ki shiga ciki ki jira."

"Na jira ran Juma'a."

Na tuɓe takalmi na ɗaga labulen zauren. Ɗalibai sun kai goma sha biyar, littattafai a buɗe. Ishaq yana gefen baffansa. A can lungu kuwa wa zan gani? Hamad, da 'yar hularsa, wai shi ma ya fara ɗaukar karatu tun jiya.

"Salamu alaikum."

Malam ya sauke tabarau. "Hajiya, nan wurin maza ne."

"Na gani. A nan aka sa 'yata ta dafa Littafi, ranar ba a ce wurin maza ne ba."

Ishaq ya taso da sauri. "Inna, don Allah, an gama maganar nan."

"Koma ka zauna, yaro. Yau ba surukuta tsakaninmu."

Na durƙusa na ciro kwalaben na dire su a kan darduma.

"Malam, akwai giya a abincin da ka ci."

Wani ya ce innalillahi. Fuskar Ishaq ta yi fari fat. Hamad ya miƙe tsaye, "Allahu akbar! Kun ji ko? Kun ji da bakin uwarta!"

"Kai kuma zan zo kanka, zauna."

Na faɗa musu komai. Yadda yarinyar ta ware kwalbar ta ɗora a sama, yadda na hau kujera na sauko da ita ran Laraba don wuyanta ya ba ni sha'awa, yadda na juye ragowar a cikin khal na wanke ta sau uku na ɗura humra. Na ce ga su nan, duk mai karatun Japan a cikinku ya karanta.

Nan fa ɗalibai suka kaure. Wannan ya ce ai wuta ta ƙone ta, wancan ya ce najasa ba ta ƙonewa, wani ya ce a mazhabarmu kaza, wani ya jawo littafi yana buɗawa da yawu.

"Ku dakata mini!" na ce. "Ni ban zo neman fatawa ba. Wanda zai yi amai ya je ya yi, kwana biyu ke nan ma ya makara. Malam, tambaya nake. Yarinyar da ta rantse ba ta zuba ba, kuma har ga Allah ba ta san an zuba ba, maƙaryaciya ce?"

Malam ya daɗe yana kallon kwalaben.

"Ta rantse a kan iyakar saninta. Babu zunubi a kanta."

"Ɗaga murya. Ran Juma'a har mai sayar da waken ful a ƙasa ya ji ka."

Gemunsa ya motsa. Ya dubi ɗaliban. "Na ce yarinyar ba ta yi ƙarya ba. Duk wanda ya kai maganar nan wani ɗaki, ya koma ya gyara."

"Madalla. Saura wancan." Na nuna Hamad. "Tambaye shi, ya ga ta zuba?"

"Ka gani?" in ji Malam.

"Allah gafarta Malam, ai ga shi ta tabbata..."

"Ka gani, na ce?"

"Ban gani ba, amma na san yadda ake yin miyar."

"Yaushe ka sani?" na ce. "Da aka sauke farantin ka gane miyar ko ba ka gane ba? Tun a hannun mai kawowa ka gane ta. Ka zauna ka zuba ido Malam ya kai loma, mahaddata suka kai loma, kai ma ka cinye ka miƙa aka ƙara maka. Sai da ta shiga cikin kowa tsoron Allah ya zo maka. Ni jahila ce, na zuba ban sani ba. Kai mai sani, me ya hana ka riƙe hannun Malam?"



Malam ya juya a hankali ya dubi Hamad. "Ka ci?"

"Na ɗan taɓa."

"Faranti biyu," na ce.

Wani ɗalibi ya ce ƙasa-ƙasa, "Wallahi biyu ne, ni na ƙara masa."

"Tashi ka fita mini daga gida," in ji Malam.

Hamad ya sa takalmi a bai-bai ya fice.

Na ɗauka an gama. Sai Malam ya ciro wayarsa ya riƙe yana juya ta.

"Hajiya, kin wanke 'yarki a nan. Amma ni na gaya wa Yaya Muhammadu ƙazafi ne tsagwaronsa, a kan haka ya amince. Ba zan ɗaura aure a kan maganar da ta canza ba. Ni kuma ba zan kira shi in warware bakina ba. Ki faɗa masa da kanki."

"Baffa!" in ji Ishaq. "Ka san Abba. In ya ji kalmar giya ba zai tsaya jin sauran ba."

"Kira shi," na ce.

Ya danna, ya buɗe murya kowa na ji, ya miƙo mini. Murya ta fito, ta dattijo, a daƙile.

"Sada, lafiya?"

"Ba Sada ba ne, Alhaji. Awadiyya ce, uwar yarinyar da ɗanka ke nema. Na san ba a yin haka. Ka yi haƙuri ka saurare ni har in kai aya."

Na sake faɗa tun daga kujerar da na taka. Bai katse ni ba. Sai da na gama sannan ya yi magana.

"Hajiya, da kin yi shiru wa zai sani?"

"Ni da ita da Allah."

"To me ya kawo ki?"

Idon ɗalibai goma sha biyar a kaina, ga Ishaq, ga Hajiya Dije a bakin labule. Na so in ce tsoron Allah ne. Na tuna wanda ya faɗi haka ran Juma'a.

"Ita ce, Alhaji. Ni cewa na yi a fasa kwalbar a rufe maganar. Ta ce gara ta rasa ɗanka da ta shiga ɗakinsa da wannan a cikinta. Tana can tana kuka tun jiya, ko ruwa ba ta sha ba."

Ishaq ya kifa fuska a gwiwa, kafaɗunsa na girgiza.

"Ba ni Sada," in ji Alhaji.

Malam ya karɓa, ya shige ɗakin ciki ya turo ƙofa. Wuta ta ɗauke, fanka ta tsaya. Na zauna daram a kan dardumar ɗalibai, ba wanda ya ce in tashi. Hajiya Dije ta kawo mini ruwa a kofin gilashi, da hannu biyu. Ban sha ba.

Da ƙofar ta buɗe Malam bai dube ni ba. Ya dubi Ishaq.

"Yaya ya ce Juma'a, bayan an sauko." Sannan ya ƙara da cewa, "Ya kuma ce abincin walima yarinyar ta dafa, amma uwarta kada ta shiga kicin."

Ɗalibai suka tuntsire. Ni ban yi dariya ba, na miƙe. Na mayar da humra jaka. Ta khal ɗin na riƙe a hannu, don Malam ya ce kada ta kwana a gidansa.

Ishaq ya biyo ni zai raka ni, na ce ya koma ya kira Mahasin, tana can ta zuba wa waya ido.

A hawa na ɗaya na tarar da Hamad ya jingina da bango yana kaɗa makullin mota. Bai matsa ba.

"Khala, kin kunyata ni a gaban baƙi. Ɗan garinku."

"Kai ka kunyata kanka. Ba ni hanya."

"Juma'a da nisa," in ji shi, yana murmushi. "Kwana biyar ne. Ni ma ina da lambar Katsina."

Gabana ya faɗi, ba zan ce bai faɗi ba. Amma ban bari ya gani ba. Na kama hannunsa na buɗe tafin, na danƙa masa kwalbar.

"Kira su, na riga ka. Kafin nan ungo wannan, ragowa ce. Na ga tana yi maka daɗi."